Abin da Saige Ta Ji a Fakon Geza

Manu ya haura shekara arba'in yana bin shanu, amma bai taɓa ganin garken da ƙishirwa ke ci ya tsaya a kan hanyar mashaya don kansa ba, sai a bazarar da ruwa ya yi jinkiri. Rugarsa tana yamma da Geza, ba ta da nisa da iyakar Benin. Kullum bayan azahar yakan koro shanunsa, su sittin da 'yan kai, su ratsa wani fako mai faɗi wanda ko ƙaya ba ta tsirowa a kansa, su gangara fadama inda aka haƙa rijiyoyi. Da sun hau fakon har sauri suke ƙarawa, don ƙasar tana ƙona kofato.

Ranar wata Talata, suna tsakiyar fakon, sai Saige ta ja ta tsaya. Saige ita ce uwar garken, saniya mai farar fuska, wadda maraƙinta ya mutu mako biyu kafin nan. Ta ɗaga kai, ta miƙe kunnuwa, ta fuskanci kudu. Sauran suka bi ta ɗaya bayan ɗaya har garken duka ya yi cirko-cirko. Manu ya duba inda suke kallo. Babu komai sai ƙasa da kawalwainiya, sai wani ɗan tsauni mai tsagaggen kai can nesa, da giginya ɗaya da shuri a gefen fakon. Ya zaga ya nemi sawun maciji, bai gani ba. Ya yi musu tsawa, ya ɗaga sanda, ko kunne ba su kaɗa ba.

Can sai Saige ta yi kuka, irin sassanyan kukan nan da saniya ke yi wa ɗanta in ta dawo daga kiwo. Aka jima kamar a tatse saniya ɗaya, sannan suka sauke kai, suka ci gaba da tafiya kamar ba su ba.

Laraba haka, Alhamis haka. Da ya faɗa wa matarsa Batulu, tana cikin kaɗa nono, sai ta dakata.

"Malam, wurin ga na da masu shi. Ka sake musu hanya tun ba a kai ga wani abu ba."

Ranar Juma'a ya bi da su ta arewa, ta cikin gonakin da ba a shuka ba. Lokacin na yi Saige ta ɓalle a guje, garken ya rufa mata baya, Manu na binsu da haki har tsakiyar fakon. Yana tsaye yana mayar da numfashi idonsa ya faɗa kan farin ɗakin ƙarfen nan da ke bakin garin Geza, irin wanda tirela ke ɗauka, da farantan sola jere a kansa. Tun kaka aka kawo shi. Wasu sun ce man fetur ake nema, wasu sun ce na auna ruwan sama ne. Abin da kowa ya sani shi ne mai shi mace ce, Dokta Fauziyya, ɗiyar wani malami a Zagga, wadda ta yi karatu har ƙasashen waje ta dawo.

Washegari da hantsi ya tafi ya yi sallama. Ta fito da waya a hannu, idanunta sun faɗa kamar na wadda ta daɗe ba ta huta ba. Ta rusuna ta gaishe shi, ta shimfiɗa masa tabarma a inuwar ɗakin, ta kawo ruwa mai sanyi. Bayan sun gama gaisuwa ya ce:

"Ɗiyata, ba faɗa ya kawo ni ba. Amma abin ga naku ya shiga kan shanuna."

"Subhanallahi. Mi ya faru, Baba?"

Ya kwashe labari ya faɗa mata. Da farko tana saurare ne don ladabi, amma da ya ce kullum lokaci ɗaya ne, sai ta ajiye wayar.

"Wane lokaci?"

"Sa'ad da inuwar giginyar nan ta taɓa gindin shuri. Kafin ladanin Geza ya kira la'asar da kaɗan."

"Yaya daɗewarsu a tsaye?"

"Tatsar saniya ɗaya."

Ta kafa masa ido har ya tsargu. Sannan ta miƙe ta ce, "Baba, don Allah shigo ka ga wani abu."

Ciki sanyi ne kamar bakin randa. A tsakiya akwai wata doguwar tukunyar ƙarfe, raɓa na tsattsafowa a jikinta, a samanta kuma an kafa wani zobe mai faɗin tayar mashin, cikinsa fayau. Manu ya tsaya daga bakin ƙofa, bai yarda ya matsa ba.

"Ka san ƙurar da ake gani cikin hasken rana in ya shigo ta ƙofa?" in ji ta. "A tsaga ƙwaya ɗaya gida dubu, a ɗauki ɗaya a sake tsagawa gida dubu, to can ƙasa akwai abin da muke kira ƙwayar zarra. Allah ya yi su da wani hali. In biyu suka haɗu suka saba, ko an raba su an kai ɗaya bangon duniya, ba su daina jin juna ba. Yadda wagga ta juya haka waccan za ta juya, nan take, ba waya a tsakani. Masu karatun kwantam sun daɗe da sanin haka. Wahalar ita ce sabon ba ya jimawa, da zafi ko motsi ya taɓa su sun manta juna. Tukunyar ga aikinta ta riƙa daidaita su kada su manta. Tana da 'yar'uwa a hayin iyaka, cikin Benin, wurin abokin aikina Injiniya Attahiru."

Ta nuna masa wani allon gilashi. Layuka biyu ne ke tafiya a kai, wannan ya hau wancan ya sauka, ba sa karo.

"Awa lugude," in ji Manu.

"Shi ne, Baba. Taɓarya biyu, turmi ɗaya, tawa da ta Attahiru. To duba na jiya, daidai lokacin da ka faɗa."

Ta taɓa allon. A tsakanin layukan biyu sai ga wani na uku, siriri, yana shiga daidai inda suka bar fili, bai gwabza da kowa ba.

"Wata huɗu ke nan taɓarya ta uku tana shigowa, kullum minti huɗu. Mun zaci lalacewa ce, mun kwance mun ɗaura har mun gaji. Duk duniya tukwanen ga biyu ne kawai. Kuma lissafi ya ce bugun ba daga gabas yake ba, ba daga yamma ba, ba sama ba ƙasa. Wani sashe ne da ba mu da sunansa."

"Aljannu ke nan."

"Ban sani ba, Baba. Wallahi ban sani ba. Malamanmu sun daɗe suna zaton halitta ninki-ninki ce, kamar zanen da aka naɗe aka sa cikin akwati. Kowane ninki na jingine da ɗan'uwansa, amma na cikin wannan ba ya ganin na wancan. Zato ne kawai, a takarda. Abin da ya gagare mu shi ne wurin da bugun ya fi ƙarfi, mu kai tukunyar can. Na'urorina ba su gano shi ba." Ta juyo ta dube shi. "Ina jin shanunka sun gano."

Ta roƙe shi ya bari shanun su nuna mata wurin, Manu ya ce zai yi tunani. Ya koma ruga, ya yi ta juya maganar. Tsoro yana ji, ba ya musu, amma kukan Saige ya fi tsoron damunsa, don ya san saniya ba ta yi wa abin cuta irin wannan kuka. Da gari ya waye ya je wurin maigari Ɗanaudu ya nemi izinin kai tukunyar fakon. Maigari ya ba da izini, ya haɗa da amalanken shanunsa.

Ranar Litinin aka ɗora tukunyar da baturanta, aka lulluɓe da barguna, aka ja a hankali zuwa fakon. Labari ya riga ya bazu. Mutane suka zo daga Geza, har da na Lafagu a kan mashina, masu sayar da ƙanƙara suka kafa kasuwa. Shanun suka ƙi matsowa saboda hayaniya. Aka ajiye tukunyar bisa kintace, lokaci ya yi ya wuce, zoben nan bai ko motsa ba. Jama'a suka watse suna dariya, wani yana cewa da ma fetur ɗin aka nema.

"Gobe kada ki kawo komi," in ji Manu. "Ni da shanuna kawai."

Haka aka yi. Talata ya bar Saige ta yi gaba ita kaɗai. Ta tafi kai tsaye, ta wuce inda aka ajiye tukunyar jiya da taku ashirin, ta tsaya, ta miƙa hancinta cikin iska daidai ƙirjin mutum tana shinshina. Manu ya kafa sandarsa a nan, ya ɗaura tsumma daidai tsayin hancinta.

Ranar Laraba su huɗu ne a fakon: Manu, Fauziyya, maigari da ya kawo amalanke da kansa, da Batulu wadda ta tsaya can nesa da hannu a haɓa. Shanun suna kewaye. Fauziyya ta ɗora wayarta a kan akwatin baturi, muryar Attahiru na fitowa da Hausarsa mai karin Dandi.

"Dokta, tawa ta yi sanyi yadda ake so. In kin shirya."

"Na shirya. Ƙirga."

Inuwar giginya ta miƙe, ta taɓa gindin shuri. Attahiru ya ce uku, biyu, ɗaya.

Abin da Manu ya fara ji shi ne haƙoransa, kamar ya tauna tsamiya. Sannan iskar cikin zoben ta yi rawa irin wadda take yi a saman murhu. Sannan ƙara ta fito, ƙarar da ya sani sarai amma kansa ya ƙi karɓa a wannan wuri, a wannan wata: ruwa ne ke gudu. Ruwa mai yawa, yana bugun duwatsu. Tsuntsaye na kuka a bayansa.

Rawar iskar ta lafa, zoben ya washe.

Maigari ya yi salati ya zauna daɓas a ƙasa. Manu bai san sa'ad da sandarsa ta faɗi daga hannunsa ba. Ta cikin zoben, ga tsaunin nan mai tsagaggen kai, shi ne ba wani ba, daidai inda yake. Rana tana daidai inda tasu take. Amma inda fako yake kogi ne ke malala, mai faɗi kamar Kwara a tsakiyar damina, ruwansa garau har ana ganin inuwar kifaye. Ciyawa ta fi tsayin mutum. Itatuwa manya-manya, wasu ya san su, wasu bai taɓa gani ba, masu furanni ja kamar garwashi. Ya leƙa ta gefen zoben, ya ga fakonsu a ƙone kamar kullum. Ya dawo da ido ciki, ga kogi. Ya sake leƙawa, ya sake dawowa.

"Allah mai halitta," ya ce a hankali.

A gaban zoben, kusa ƙwarai, wata tsohuwa ce zaune a kan dutse, ta ba su rabin baya. Doguwa ce, baƙa, kanta fari fat, ta yafa wani saƙi mai launin toka. A gefenta akwai farantan tagulla rataye a reshe, da wani abu mai kama da tulu mai baki uku, yana fitar da tururi mai sanyi. Da hannu ɗaya take buga farantin da 'yar guduma, ba ta ko kallonsa, bugun wanda ya saba har ya daina jira. Ɗaya hannun yana riƙe da ƙoƙo.

Saige ta yi kuka. Tsohuwar ta waiwayo.

Ƙoƙon ya suɓuce, madara ta zube a ƙafarta. Ta miƙe, ta koma ta zauna, ta sake miƙewa. Ta rufe baki da hannu biyu, ta matso har fuskarta ta cika zoben, idanunta na yawo daga Fauziyya zuwa Manu zuwa shanun zuwa busasshiyar ƙasar da ke bayansu. Hawaye suka gangaro mata, ba ta share ba. Fauziyya ta yi sallama. Tsohuwar ta amsa da wasu kalmomi masu taushi da ba wanda ya gane. Manu ya gwada Fillanci, Attahiru ya ɗaga murya ta waya da Dandanci da Faransanci, Fauziyya ta yi Turanci da ɗan Larabcin da ta iya. Tsohuwar tana girgiza kai tana dariya tana kuka. Sai ta juya ta nuna musu itacen da ke bayanta. Igiyoyi ne rataye a rassansa, ɗaruruwa, kowace cike da ƙulli tun daga sama har ƙasa. Ta kama ta ƙarshe, ta yi sabon ƙulli a gabansu, ta nuna rana.

Daga bayan itacen wani maraƙi ya yi kuka, siririn kuka mai rauni. Saige ta ture Manu ta cusa hancinta cikin zoben. Iska ta yi rawa, kogin ya narke, sai ga fako.

Kiran sallar la'asar ne daga Geza ya dawo da su. Suka yi taimama, maigari ya ja Manu suka yi salla a nan kan fakon, matan a bayansu, kuma Manu bai taɓa daɗewa a sujada kamar ranar ba.

Kafin magariba Fauziyya ta ƙirga ƙulle-ƙullen daga hoton da na'urarta ta ɗauka. Ta zo ta sami Manu a bakin rijiya yana shayar da shanu.

"Baba, kullum ƙulli ɗaya take yi. Sun haura dubu goma sha ɗaya. Shekara talatin da ɗaya ke nan tana bugun farantin nan ba wanda ya amsa. Ina da shekara uku ta fara."

Ta ce lissafi ya nuna ƙofar da zoben ke buɗewa ta fara tsukewa, kullum za ta ragu, ranar Lahadi ce ta ƙarshe, kuma ba ta san yaushe za ta dawo ba. Ta ce wayarta ba ta huta ba, manyan malamanta sun aiko da jerin tambayoyi, sun ce a fara da lissafi, don shi ne harshen da kowane mai hankali zai gane.

Manu ya zuba guga a kwami, ya ce, "Maraƙin nan ba zai daɗe ba."

"Wane maraƙi?"

"Wanda Saige ke ji. Ke kina kallon igiyoyi, ni ina kallon bayansu. Shanu biyar gare ta. Akwai wata baƙa, hantsarta ta cika tam, ɗan ya matso ta harbe shi. Haihuwar fari ce, ta ƙi shi. Da ƙoƙo tsohuwar ke ba shi. Kuma na ga yadda ta ɗaure su, wagga ba makiyayiya ba ce. Malama ce irinki, zaman jira ya sa ta ajiye shanu. Ki ba ni buɗewa ɗaya in nuna mata."

Shekara goma sha biyu Fauziyya ta yi tana gina tukunyar nan, ga shi duk abin da ya rage mata bai kai minti goma ba.

"Baba, bari in fara da nasu gobe," ta ce, ba ta iya haɗa ido da shi ba.

Alhamis ta jera tsakuwa a faifai: biyu, uku, biyar, bakwai. Tsohuwar ta duba sau ɗaya, ta sunkuya ta kwashi tsakuwar bakin kogi, ta jera goma sha ɗaya, ta jera goma sha uku, da sauri kamar mai amsa wa ƙaramin ɗalibi. Attahiru ya yi kabbara ta waya da aka faɗa masa. Amma tsohuwar tana yi tana waiwaye. Da ta ɗan kauce, Fauziyya ta hango abin da take kallo. Maraƙin yana kwance a gindin itace, haƙarƙarinsa a ƙirge, ya miƙe wuya a ƙasa.

Da zoben ya rufe ta ɗauki wayar.

"Injiniya, gobe na Baba Manu ne."

"Dokta, su farfesa fa? Tambaya tara ta rage."

"Ka ce musu ni na ce."

Bayan sallar Juma'a Manu ya zo da wata jar saniya da maraƙinta. Batulu, wadda kwana biyu ba ta yarda ta matso ba, ta biyo shi da ƙwaryar ruwa da dunƙulen gishiri. Zoben na buɗewa bai tsaya dogon gaisuwa ba. Ya nuna maraƙin tsohuwar, ya nuna nasa. Ya ɗaga gishirin, ya lasa, ya yamutsa fuska. Tsohuwar ta yi kasaƙe. Ya sake lasa, ya sake yamutsawa. Sai ta tafa hannu, ta ruga da gudun da ba a zaci tana da shi ba, ta dawo da wani dunƙule mai ruwan toka, ta lasa, ta yamutsa fuska irin tasa sak. Batulu ta fashe da dariya, tsohuwar ma haka.

Batulu ta jiƙa gishirin. Manu ya shafe maraƙin tun daga goshi har gindin wutsiya, ya kai shi gaban uwar. Jar saniya ta shinshina, ta fara lasa. Ya ɗauki igiya ya ɗaure ƙafafunta na baya a hankali yadda tsohuwar za ta ga ƙullin, ya kwance, ya sake ɗaurewa. Ya tatso nono a yatsa ya sa a bakin maraƙin, ya ja shi har hantsa, ɗaya hannun yana shafa cinyar uwar, yana yi mata magana ƙasa-ƙasa. Tsohuwar ta kafa ido, hannuwanta na kwaikwayon nasa a iska. Yana ɗagowa ya ga fako.

Asabar zoben ya buɗe babu kowa. Kogi kawai, da farantin tagulla yana lilo, da wani tsuntsu mai dogon baki tsaye a kan dutsen da take zama. Suka yi ta kira har ya rufe. Manu ya koma ruga bai ci abinci ba. Ya riƙa tunanin ko saniyar ta harbe ta, tsohuwa ita kaɗai a bakin kogi, shi ne sanadi.

Lahadi tun da hantsi hadari ya haɗu a gabas, baƙi ƙirin, iska ta ɗauke. Fauziyya tana duban sama tana duban agogo. Rana ta ɓuya, babu inuwar giginya, sai ƙirgen Attahiru.

Zoben ya washe. Tsohuwar tana tsaye, da tsumma ɗaure a gwiwarta, tana ɗingishi, bakinta har kunne. Ta kauce gefe. Baƙar saniya tana tsaye ba igiya a ƙafarta, ta karkato wuya tana lasar bayan ɗanta, shi kuma ya cusa kai a hantsa yana tunkura, wutsiyarsa na kaɗawa.

"Alhamdu lillahi," in ji Manu.

"Saura daƙiƙa arba'in," in ji Fauziyya.

Tsohuwar ta matso, ta ɗaga tafin hannunta ta sa a tsakiyar zoben. Manu ya dubi Fauziyya.

"Ba abin da ke ƙetarewa, Baba. Iskar cikin zoben ga ce kawai ke yin abin da ta can ta yi. Ban sani ba ko..."

Ya yi bisimilla ya sa nasa. Wani abu ya tare hannun a inda babu komai. Ya ji tafi, ya ji yatsu biyar, ya ji sun danno shi a hankali. Ya danna, aka danno. Tsohuwar ta faɗi wata kalma, ta maimaita, tana dafa ƙirjinta da ɗaya hannun. Ya dafa nasa ya ce, "Manu." Ya janye ya ce wa Fauziyya, "Maza, ɗiyata." Ta sa hannunta, ta rufe ido. Ba ta buɗe ba sai da hannun ya faɗa cikin iska.

Ɗigon farko ya sauka a kan tukunyar ya yi ƙara. Kafin su ɗora ta a amalanke ruwa ya kece kamar da bakin ƙwarya. Su huɗu suka kama kusurwoyin leda suka rufe ta, suna tafe a gefe cikin taɓo, shanun na tsalle a bayansu.

Cikin mako guda motoci suka cika Geza. Masana suka zo daga wurare da yawa, aka kewaye fakon da waya, aka gwada safe da rana har damina ta yi nisa, layi na uku bai sake fitowa ba. Wasu sun yi wa Fauziyya faɗa a kan buɗewar da ta bayar don maraƙi. Wasu sun ce lissafi ya nuna ƙofar za ta dawo bayan shekara bakwai, wasu sun ce sha tara. Ita dai ta ƙi barin Geza. Ta sa aka bar ƙofa a jikin wayar don shanu su riƙa wucewa, kuma kullum kafin la'asar tana kunna tukunyarta ta yi bugu na minti huɗu.

Da aka gama shuka, Manu ya fara shirin tashi da garke zuwa mashekari, inda shanu ke yin damina nesa da gonaki. Ana ɗaure kaya a kan jakuna wani gajeren mutum mai furfura a gemu ya tsaya da mashin a bakin ruga, wandonsa duk laka. Da ya yi sallama Manu ya gane muryar.

"Injiniya!"

"Ni ne, Baba. Na ce ba za ka tashi ban gan ka ba."

Batulu ta kawo nono. Attahiru ya sha, ya ajiye ƙwaryar, ya yi ta murza hularsa.

"Baba, duk kwana biyar ɗin nan ina gaban tawa tukunyar, ba halin in matsa ko taku ɗaya. Kunne kawai na samu. Hotunan na gani, na kalle su ba adadi. Amma akwai abin da hoto bai ɗauka ba. Hannun nan, yaya yake?"

Manu ya buɗe tafinsa ya duba.

"Kaushi gare shi. Akwai wani tsohon tabo a gindin babban yatsa, na ji shi. Da ɗan sanyi kuma, awa ta fito daga wanki."

"Ta riƙe da ƙarfi?"

"A'a. Rawa yake yi. Nawa ma rawa yake yi."

Attahiru ya gyaɗa kai, ya share ido da hular. Manu ya juya ya ce wa Batulu a sauke kayan jakin nan tukuna, gobe ma rana ce ta tafiya. Ya gyara zama a kan buzu, ya ce wa baƙonsa ya matso inuwa, akwai sauran abin da ya gani a bakin kogin da bai faɗa wa kowa ba, don masu motoci ba su tambaye shi ba.